Littafin Mahautan Shikago

A wannan mako za mu duba wani littafi na Turanci mai suna The Jungle, wato ƙungurmin daji, wanda Upton Sinclair, mutumin Amurka, ya wallafa a 1906. Kada sunan ya ruɗe ku, samari, ba zaki ba kura a cikinsa. Dajin da ya ke nufi shi ne unguwar mayanka ta birnin Shikago, inda a zamanin nan a kan yanka dubban shanu da aladu kowace rana. Marubucin ya yi mako bakwai a can cikin 1904, yana shiga wuraren aiki da tufafin lebura, yana zama da ma'aikata a gidajensu, kana ya ɗauki alƙalami.

Labarin na wani ƙaƙƙarfan saurayi ne, Jurgis, wanda ya taso daga ƙasar Lituwaniya da amaryarsa Ona da danginta, suna zaton arziki na jiransu. Da biki aka buɗe littafin, kuma a ganinmu nan ne gwanintar Sinclair ta fi fitowa. Al'adar mutanen nan ita ce kowane baƙo ya ba da gudummawa bayan ya yi rawa da amarya, kamar dai yadda mu ke yi wa juna a biki. To, sai ga samari sun ci sun sha, sun sulale ba su ba da ko anini ba, aka bar ango da bashi. Tun ba a faɗa maka ba ka gane cewa birnin ya riga ya cinye kunyar mutane.

Daga nan wahala ta yi ta bin wahala. Suka sayi gida a kan dala 1,500, za su riƙa biyan dala 12 kowane wata, ba wanda ya gaya musu akwai kuɗin ruwa a kai. Jurgis ya gurɗe a ƙafa wurin aiki, ya kwanta, da ya tashi an ba wani gurbinsa. Ona ta mutu wurin haihuwa, ɗansu ƙarami ya nutse cikin ruwan da ya kwanta a titi. Lalle an ɗora wa gida guda kayan da ya kamata a raba wa gida goma, har mai karatu ya kan gaji da tausayi. Amma lissafin kwabo da sisi ɗin nan, na haya da gawayi da takalmin yara, shi ne abin da littattafan tarihi na sarakuna da yaƙe-yaƙe ba su koya muku.

Laifinsa biyu ne ba za mu rufe ba. Ƙarshen littafin ya zama wa'azin gurguzu zalla, Jurgis ya koma ɗan kallo, wasu na ta zuba jawabi. Na biyun ya fi ciwo. Da ya zo kan yajin aikin 1904, inda masu mayanka suka kawo baƙar fata daga kudu don su maye gurbin masu yaji, sai ya siffanta su da kalmomin raini, kamar ba talauci guda ne ya koro su duka ba. Mutumin da ya ga hawayen Bature matalauci sarai, ya kasa ganin na baƙin mutum. Ku karanta wannan babi da idonku a buɗe.

Abin mamaki, jama'ar Amurka ba halin leburori ne ya tayar musu da hankali ba, ruɓaɓɓen naman da aka ce ana cusawa cikin gwangwani ne. Shugaba Theodore Roosevelt ya aika a bincika, ran 30 ga Yuni 1906 ya sa hannu a dokar duba nama. Ma'aikata kuwa sai 1938 aka yi dokar ƙasa mai ɗorewa da ta yanke mafi ƙarancin lada, ta kuma taƙaita aikin yara. Ƙungiyar mahautan da aka kafa a 1943 ta haɗa fari da baƙi, abin da Sinclair bai hango ba. Mayankar kanta an rufe ta a 1971.

Turancinsa ba mai tsanani ba ne, ɗan Midil na manyan aji zai iya bi da ƙamus a gefe. In lokaci ya ƙure muku, ku karanta rabin farko a tsanake.