Fim ɗin RaMell Ross ya tafi da ni

Duk wanda ya ce fim ɗin gaskiya sai da mai sharhi yana zuba bayani a kan hotuna, to bai kalli "Hale County This Morning, This Evening" ba. Wallahi wannan aiki ya tafi da ni.

RaMell Ross mai ɗaukar hoto ne tun asali. A 2009 ya koma jihar Alabama ta Amurka yana koyar da ɗaukar hoto, yana kuma horar da matasa ƙwallon kwando. Sai da ya zama ɗan gari tukuna ya fara naɗar bidiyo. Shekara 5 yana bin rayuwar baƙaƙen fatan gundumar Hale, ya tara sama da awa 1,300, sannan ya tace ta koma minti 76 kacal. Fim ɗin ya fito a 2018, ya ci kyauta a bikin finafinai na Sundance, ya kuma shiga takarar Oscar.

Abin da ya fi burge ni shi ne haƙurinsa. Akwai wurin da wani ɗan ƙaramin yaro yake ta zirga-zirga a falo, ya ruga nan, ya juyo ya ruga can, minti bayan minti. Wani daraktan da tuni ya yanke. Ross ya ƙi. Tun kana murmushi, har ka fara ƙosawa, har ka wuce ƙosawar ka soma jin ƙarfin da ke cikin jikin yaron da ƙanƙantar ɗakin da ya tsare shi. Ga zufa tana ɗiga a filin wasa, kafin ka ankara ta zama ɗigon ruwan sama a ƙasa. Ga hasken rana yana ratsa hayaƙin taya ta cikin rassan bishiya. Kai, Masha Allah! Wannan ido ne na wanda ya saba jiran haske kafin ya danna kyamara.

Kuma wurin yana da tarihi. A wannan gunduma ce Walker Evans ya ɗauki shahararrun hotunansa na talakawan manoma farar fata a 1936, alhali baƙaƙe ne suka fi yawa a yankin. Ross ya juya kyamara wajensu, kuma bai nuna su a matsayin abin tausayi ba. Suna ibada, suna aiki a masana'antar sarrafa tarwaɗa, suna wasa, suna haihuwa. Ko da rasuwar jariri ta zo, bai tsaya yana matso hawayen mai kallo ba. Ya nuna ta da kunya da ladabi, rayuwa ta ci gaba.

Daga baya ya yi "Nickel Boys" a 2024, shi ma ya yi kyau ƙwarai. Amma ni dai na farkon nan nake roƙon kowa ya nema. A ajiye waya, a kalle shi a natse, kada a tura gaba ko da daƙiƙa ɗaya.