Marcel Pagnol da Matsayin Magana a Cikin Fim

Mun saba ganin marubuci ya sayar wa mai shirya fim labarinsa, ya koma gefe yana kallon yadda ake sassaƙe shi. Marcel Pagnol (1895–1974), mutumin Aubagne ta kudancin Faransa, bai amince da wannan rabon aiki ba. Malamin Ingilishi ne tun farko, wasan kwaikwayo na dandamali kuma shi ya fito da sunansa: Topaze a 1928, Marius a 1929. Kamfanin Paramount ya mayar da Marius fim a 1931, Alexander Korda ya ba da umarni. A 1932 sai Pagnol ya kafa kamfaninsa, daga bisani ya gina masana'antar fim a Marseille, nesa da Faris. Ya zama shi ke rubutawa, shi ke zuba jari, kuma a César (1936) shi ya ba da umarni.

Masu suka, ciki har da René Clair, sun ga wannan hanya za ta mayar da sinima baiwar dandamali, har aka yi wa finafinansa laƙabi da wasan kwaikwayon gwangwani. Zargin yana da ƙamshin gaskiya, domin sau da yawa kyamara takan tsaya cik tana jiran ɗan wasa ya gama zance. Amma mu a ganinmu, a nan ƙarfinsa yake. A La Femme du boulanger (1938), mai gasa burodi, wanda Raimu ya fito a matsayinsa, bai zagi matarsa da ta gudu ta dawo ba. Kyanwar gidan, wadda ita ma ta dawo daga yawo, ya juya yana yi wa faɗa, matar tana ji. Habaici ne tsantsa, kuma hoto kaɗai ba zai iya ɗaukarsa ba.

Inda muke da ja da shi shi ne yadda ya zana mutanen Marseille. Ya shigar da karin harshensu cikin sinima da martaba, amma ya bar wa sauran Faransawa siffarsu ta masu surutu da cika baki.

Ko a ƙarshen aikinsa adabi bai sake shi ba. Fim ɗinsa Manon des sources (1952) shi ya faɗaɗa ya zama ƙagaggen labari mai juzu'i 2, wanda Claude Berri ya sake mayarwa fim a 1986.