Moris Jar da Aikin Take a Cikin Silima

Mutanen ƙasar Hausa da yawa, tun daga birnin Kano har garuruwa irin su Indabo ta ƙasar Wudil, sun kalli Ar-Risala da kuma silimar Umar Mukhtar, amma kaɗan ne suka san wanda ya tsara kiɗansu. Shi ne Moris Jar, wanda Faransawa ke rubuta sunansa Maurice Jarre. An haife shi a Liyon cikin 1924, ya rasu a Amurka cikin 2009.

Da kiɗan ganga ya fara, sa'an nan ya shugabanci makaɗan wani babban gidan wasan kwaikwayo na Faris. Sunansa ya fito a 1962 da Lawrence of Arabia, inda ya sami lambar Oska. Ya sāke samunta da Doctor Zhivago na 1965 da A Passage to India na 1984, dukansu na Dabid Lin.

A ganinmu, gwanintarsa ta fi bayyana a Ar-Risala ta 1976. Mustafa Akkad ya ƙi nuna siffar Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ƙi sa muryarsa. To, yaya mai kallo zai san yana wurin? Jar ya sa wani tattausan kiɗa ya zama alama. Wannan dabara ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe, gama ita ce take: da jin kakaki an san sarki ya fito, ko ba a gan shi ba.

Aibinsa shi ne yawan maimaici. A Doctor Zhivago yakan komo da take guda har ya gundura. Hamadarsa kuma ta kunnen Bature ce, ko da ya yafa mata kayan kiɗan Larabawa.

Duk da haka akwai abin koyo. Tun daga Turmin Danya na 1990, finafinan Kano sun fi karkata ga hanyar Indiya, watau a tsai da labari a yi waƙa. Alhali kuwa muna da kalangu na mahauta, da gangar noma, da algaitar fada, kowanne da mai shi. Malamin da ke koyar da wasan kwaikwayo ya kamata ya nuna wa ɗalibansa cewa kiɗa na iya ɗaukar labari ba tare da baki ya furta kome ba.