Littafin Abdullahi Bature: Inda Ya Daidaita da Inda Ya Karkace

Wanda ya koyi karatu da girmansa yakan ɗauka duk abin da aka buga a littafi gaskiya ne. To, ba haka ba ne. Littafi ma shaida ne, shaida kuwa sai an auna shi. Bari mu gwada da labarin tafiye-tafiyen Kyaftin Hugh Clapperton, hafsan jiragen ruwan yaƙi na Ingila, wanda ya shigo ƙasarmu da sunan Abdullahi.

An haife shi a 1788, ya fara aikin jirgi yana ɗan shekara 13. Ya taso daga Tarabulus a 1822, ya ratso hamada zuwa Barno, ya shiga Kano ran 20 ga Janairu 1824. Zamanin nan Sarki Ibrahim Dabo yana fama da Ɗan Tunku a nan arewacin Kano. A watan Maris ya isa Sakkwato, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya karɓe shi da karamci, ya sauke shi hannun Waziri Giɗaɗo.

Mu fara ba shi hakkinsa. Aikin jirgi ya koya masa awo da ƙidaya, don haka abin da idonsa ya gani ya rubuta shi sosai. Ya ƙiyasta mutanen birnin Kano tsakanin 30,000 da 40,000. Ya yaba tsarin kasuwa, har ya faɗi cewa in mutum ya sayi riga ya tarar da aibi, akan mayar wa dillali ya biya. Ya ga rumfunan bayi ya faɗa, wannan kuwa ba mu da damar musu, ko da ya yi mana ɗaci.

Amma inda ya karkace shi ne tafiyarsa ta biyu. Ya sauka Badagari a ƙarshen 1825, ya komo Sakkwato a 1826, ya tarar yaƙi ya tashi tsakanin Sarkin Musulmi da Shehun Barno, Laminu. Shi kuwa yana ɗauke da wasiƙa da kyautai zuwa ga Shehu, da makamai cikin kayansa. Sarkin Musulmi ya hana shi wucewa, ya karɓe kayan. Abdullahi ya fusata, ya kamanta abin da fashi, masu karatu a Ingila suka ji ta bakinsa.

To, jama'a, ku duba. Mutumin nan ya yi yaƙi da Faransa a teku. Ya fi kowa sanin cewa jiragen ƙasarsu sukan tare duk jirgin da ke kai wa abokin gaba makamai, su kuma ba su kiran wannan fashi. Ina sarkin da zai ga mayaƙa sun doso Kano, ya buɗe wa mai kai musu bindiga hanya? Abin da ya halatta a teku, ya haramta shi a tudu. Laifi tudu ne, ya taka nasa ya hango na wani.

Wani gibin kuma, littafin na sarakuna ne da fatake. Manomin da ya noma dawa da audugar da suka cika kasuwar nan, daga kan doki ya hango shi ya wuce.

Abdullahi ya rasu a Sakkwato ran 13 ga Afrilu 1827. Baransa Richard Lander ya kai takardunsa gida, aka buga su a 1829. Ku karanta shi, gama ya ajiye mana abin da kakanninmu ba su damu da rubutawa ba. Amma in kun zo kan hukuncinsa ga Muhammadu Bello, ku yi irin na alkali: kada ku yanke sai kun ji ta bakin ɗaya ɓangaren.