Amar, Akbar, Antoni: sunaye uku, uwa ɗaya

Ran nan a makarantarmu ta yaƙi da jahilci na rubuta kalma ɗaya bisa allo: Amar. Wani dattijo ya karanta, ya ce: "Malam, ai Umaru ne, Indiyawa suka lanƙwasa shi." Aka yi dariya. Amma ba Umaru ba ne. Shi ya sa na ga ya kamata mu zanta a kan wani tsohon fim na Indiya, mu duba abin da sunayen cikinsa ke faɗi.

Sunan fim ɗin Amar Akbar Antoni. Manmohan Desai ya shirya shi, ya fito a 1977. Ga labarin a taƙaice. Masifa ta faɗa wa wani direba. Ƴaƴansa uku maza suka ɓace tun suna ƙanana, uwarsu kuma ta makance. Ɗan sanda mai addinin Hindu ya tsinci babban, shi ne Amar. Limamin Kirista ya ɗauki na tsakiya, ya zama Antoni. Wani tela Musulmi ya riƙe autan, ya sa masa Akbar.

To, mu bi sunayen ɗaya ɗaya. Amar daga Sanskirit yake, tsohon harshen littattafan Hindu. Ma'anarsa wanda ba ya mutuwa. Akbar kuwa kun san shi, Larabci ne, mafi girma. Indiya ta yi wani babban sarki Musulmi mai wannan suna, ya yi mulki daga 1556 zuwa 1605. Antoni daga Rumawa ya fito, Kiristoci suka kai shi Indiya. Kun ga suna uku, harshe uku, addini uku, duk a ƙasa guda.

Amma sunan da ya fi nauyi shi ne na uwar. Ana ce mata Bharati. Indiyawa na kiran ƙasarsu Bharat. Ashe uwar nan ƙasar ce kanta. Kuma ranar da yaran suka ɓace, 15 ga Agusta ce, ranar da Indiya ta samu mulkin kai a 1947. A shekarar nan aka raba ƙasar biyu, Indiya da Pakistan, aka yi kashe-kashe masu yawa tsakanin ƴan Hindu da Musulmi. Wanda bai san waɗannan abubuwa ba, rawa da dambe kawai zai gani. Wanda ya sani zai gane gargaɗi ne ake yi wa mutanen da suka taɓa zub da jinin juna. A nan mai fim ya yi abin yabo.

Sai dai akwai inda ya gaza. Ya mai da kowane suna tamkar riga mai ɗinki ɗaya. Amar, ɗan Hindu, shi ne babba, shi ne ɗan sanda mai riƙe da doka. Akbar Musulmi aka bar shi da waƙa da soyayya. Antoni Kirista aka ba shi sayar da giya. Wajen aure ma haka. Amar ya samu Lakshmi, Akbar ya samu Salma, Antoni ya samu Jeni. Kowa da mai irin sunansa. Amma suna ba ya nuna hali. Mu ma muna da Tanko, wanda aka haifa bayan ƴaƴa mata, da Ladi, wadda aka haifa ran Lahadi. Sunan ya faɗi yadda aka haife su. Bai ce Tanko zai yi kirki ko rowa ba.

Kuskure na biyu ya shafi lafiya. An nuna samarin uku kwance a gidan likita, jininsu na bin tiyo yana shiga jikin uwar kai tsaye. Abin da ban tausayi, amma ba haka ake ƙarin jini ba. Sai an auna jinin tukuna, an ga ya dace da na maras lafiya, kuma ba ya ɗauke da cuta.

Abu na ƙarshe ya shafi gidajenmu. Wani kan ji suna a fim, ya yi masa daɗi a kunne, ya laƙaba wa ɗiyarsa. Ku sani Lakshmi sunan abar bauta ce ta ƴan Hindu, wadda suke roƙo don dukiya. Salma kuwa Larabci ne, daga salama. Su masu sunan sun san abin da suke kira. Mu ma ya kamata mu sani.

Ku kalli fim ɗin, ya cancanci kallo. Bayan haka kowa ya ɗauki alli ya rubuta sunansa, ya tambayi tsofaffin gidansu dalilin da aka sa masa shi. Ku aiko mana da abin da kuka ji.