Kasule: Nazari Kan Dafa-dukan Wake da Nama na Kudancin Faransa

Kasule, wanda Faransawa ke rubutawa cassoulet, abinci ne na farin wake da nama iri-iri da ake dafawa a hankali cikin kaskon yumɓu. Asalinsa yankin Languedoc ne a kudu maso yammacin Faransa, kuma garuruwa uku ne ke taƙama da shi: Castelnaudary da Carcassonne da Toulouse. Sunansa ya samo asali daga kaskon da ake dafa shi, wato cassole, wanda maginan tukwane na ƙauyen Issel kusa da Castelnaudary suka shahara da ginawa. Wanda ya lura da yadda ake yin sa a gida zai ga cewa wake ne ginshiƙin girkin, nama kuwa aikinsa ya ciyar da waken da romo da maiƙo.

Mutanen Castelnaudary suna ba da labarin cewa an ƙirƙiro abincin ne a zamanin Yaƙin Shekara Ɗari tsakanin Faransa da Ingila, daga 1337 zuwa 1453, lokacin da aka yi wa garin ƙawanya, jama'a suka tattara abin da ya rage musu a tukunya ɗaya don ciyar da mayaƙa. Labarin yana da daɗin ji, amma masana tarihin abinci ba su yarda da shi yadda yake ba, domin irin waken da ake amfani da shi yau daga nahiyar Amurka ya zo, bai yaɗu a Turai ba sai cikin ƙarni na 16. Idan an yi wani girki makamancinsa kafin nan, to da wani wake mai faɗi na tsohuwar Turai aka yi shi. Masara ma a zamanin zuwan waken Amurka ta shigo, ita ce kuma ta zama abincin kiwata dinya da agwagwa a yankin. A kewayen garin Tarbes har al'ada ce a shuka wake a gindin masara domin ya hau karanta. Ke nan gona ɗaya ce ta samar da waken da tsuntsayen da suka haɗu a kasko.

Tsarin abincin ya fito ne daga bukatar manomi ta ajiye abinci domin hunturu. Busasshen wake yana daɗewa a rumbu. Naman dinya ko agwagwa kuwa ana shafe shi da gishiri ya kwana, sannan a dafa shi cikin kitsensa da ƙaramar wuta, a zuba a tulu kitsen ya daskare ya rufe shi. Wannan shi ake kira confit, kuma yana iya yin watanni bai lalace ba. Haka ma sosej, wato niƙaƙƙen naman da ake ɗurawa a hanji, dabara ce ta adana nama.

Bambancin garuruwan uku a nama yake. Na Castelnaudary ya dogara ga naman alade da fatarsa da confit. A Carcassonne ana ƙara cinyar rago, da makwarwa idan lokacin farauta ne. Toulouse kuma tana sa sosej ɗinta da ta yi suna, tare da rago da agwagwa. Prosper Montagné, shahararren kukun da aka haifa a Carcassonne a 1865, wanda ya wallafa kundin Larousse Gastronomique a 1938, yana cikin waɗanda suka kafa wannan rabe-rabe a rubuce, ya kuma ba Castelnaudary matsayin tushe. A 1970 aka kafa ƙungiyar Grande Confrérie du Cassoulet a garin domin kare martabar girkin, kuma ana yi masa biki a can duk ƙarshen watan Agusta. Sai dai waɗannan ƙa'idoji sun zo ne daga baya. Matan ƙauye da suka gaji girkin suna zuba abin da ke cikin ajiyarsu ne, shi ya sa gida biyu a unguwa ɗaya ba sa yin sa iri ɗaya.

A gida, aikin yakan ci kwana biyu. Wake gram 600 ya wadatar da mutum shida. Ana zaɓar mai siririn ɓawo wanda ke nuna har ciki ba tare da ya fashe ba, kamar lingot ko tarbais. A jiƙa shi awa 12, a tafasa na 'yan mintuna, a zubar da ruwan farko. A gefe guda a haɗa romo da ƙashi da fata da albasa da karas da tafarnuwa da ɗaurin ganyayen ƙamshi. Cikin wannan romo ake dafa waken kimanin awa ɗaya, a sauke tun yana da sauran ƙarfi, domin doguwar dahuwa na gaba. Ana taka-tsantsan da gishiri saboda confit da sosej sun riga sun ɗauko nasu. Tumatir kuwa, ga masu sa shi, kaɗan ake sawa bayan wake ya yi laushi, domin tsami yana hana shi nuna.

Daga nan sai a soya naman sama-sama da kitsen agwagwa har ya yi ja. A shimfiɗa fatar a gindin kasko don kada waken ya kama, a zuba kashi ɗaya cikin uku na wake, a jera nama, a rufe da sauran waken, a kwarara romo har ya kusa shafe shi. Kaskon yana shiga tanderu mai zafin digiri 150 zuwa 160, ba murfi, na awa biyu zuwa uku. A da can, gidaje suna kai nasu wurin mai gasa burodi ne, ya sa a tanderunsa bayan ya kwashe burodi zafi ya ragu.

Siffar kaskon tana da dalili. Gindinsa tsukakke ne, bakinsa buɗaɗɗe, saboda haka fili mai yawa ke fuskantar zafi. Danƙon da fata da ƙashi suka saki cikin romo yana haɗuwa da sitacin wake da kitse, sai saman ya bushe ya yi ɓawo mai ruwan ƙasa, kamar ƙanzo amma a sama. Mai girki yakan danna ɓawon da cokali ya nutse, ya ɗan ƙara romo, wani ya sake fitowa. Al'ada ta ce sau bakwai ake yin haka, ko da yake a gida uku ko huɗu ya isa. Nan ne gardama ta fi zafi: wasu suna barbaɗa garin burodi don ɓawon ya yi kauri, masu riƙon gargajiyar Castelnaudary kuwa suna ganin hakan gajeriyar hanya ce ta wanda romonsa bai yi danƙo ba.

Tunda aikin kowane nama a girkin sananne ne, wanda ba ya cin alade yana iya musanya shi. Rago da agwagwa dama suna cikin al'adar, sosej ɗin merguez na Arewacin Afirka, da ake yi da naman rago ko na shanu, yana samuwa a ko'ina a Faransa, ganda ko ƙafar saniya kuma suna ba da danƙon da ake nema. Waken ƙasar Hausa wani jinsi ne dabam da ke saurin nuna, don haka sai a taƙaita dahuwarsa ta farko, a kuma guji kanwa domin za ta narkar da shi.

Kasule mai kyau ana gane shi da waken da ke nan ɗaiɗai amma yana narkewa a baki, da romo mai kauri da bai ƙafe ba. Masu girki da yawa suna barin sa ya huce ya kwana, washegari su ƙara romo su mayar da shi tanderu na awa ɗaya ko fiye, domin a lokacin hutun ne wake ke gama shan romo. Ana kawo shi teburi cikin kaskonsa yana tafasa, tare da burodi da ganyen latas mai ɗan tsami da ke rage nauyin maiƙo.