4.3 Dabarun Sassauta Ƙa'idar Hankali: Daga Gatana Zuwa Littafin Ganɗoki

Abin da ake nufi da sassauta ƙa'idar hankali a wannan nazari shi ne dabarar da mai labari kan yi amfani da ita idan ya haɗu da abubuwa biyu masu karo da juna, ga shi kuma ba ya son ya saki ko ɗaya daga cikinsu. Maimakon ya warware kitson, sai ya samar da wani fili inda duka biyun za su zauna ba tare da mai sauraro ya yi gardama ba.

A Garbadu da sauran ƙauyukan ƙasar Talata Mafara da Bakura da Maradun, inda aka fi kiran tatsuniya da suna gatana, ana samun wannan dabara tun daga mabuɗi. Da zarar an furta kalmomin buɗewa, yara suka amsa, to an ƙulla yarjejeniya cewa ba za a auna abin da zai biyo baya da ma'aunin rana ba. Shi ya sa Gizo kan shiga cikin saniya ya yanki nama, saniyar kuma ta wayi gari tana kiwo. Babu yaron da ke tambayar yadda aka yi. Amma abin lura shi ne ba a zubar da hankali gaba ɗaya ba, domin akan gindaya sharaɗi cewa kada a taɓa zuciya. Ranar da kwaɗayi ya sa aka taɓa ta, saniya ta mutu, asiri ya tonu. Wato an sassauta wata ƙa'ida, an kafa wata a madadinta. Marufin gatana ma haka yake: mai ba da ita kan ce ba don Gizo ba da ya yi ƙarya, sannan ya juyo ya amsa cewa da ma ƙaryar ce. Ya musanta, ya kuma amsa, a numfashi guda.

Idan aka koma ga rubutaccen adabi, babu inda wannan matsala ta fi tsanani kamar littafin Ganɗoki na Malam Bello Kagara, ɗaya daga cikin littattafan da suka fito daga gasar da Hukumar Fassara ta Zariya ta shirya a 1933 a ƙarƙashin Rupert East. Marubucin ya gina tauraronsa a matsayin jarumin da ba a cin sa da yaƙi. Sai dai kuma ya dasa shi cikin tarihi na gaskiya, wanda masu karatu da yawa suka gani da idonsu: Turawa sun ci Kwantagora da Bida a 1901, sun ci Sakkwato a watan Maris na 1903, kuma a watan Yulin wannan shekara Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada a Burmi. To, ya za a yi da jarumin da ba ya faɗuwa alhali rundunarsa ta faɗi? Idan ya mutu, kirarinsa ya zama banza. Idan ya kori Turawa, an yi wa tarihi ƙarya, balle ma hukumar Turawan ce za ta buga littafin.

Mafitar da Bello Kagara ya samu ita ce ya fitar da Ganɗoki daga cikin tarihi ɗungurungum. Ya tura shi gabas tare da ɗansa Garba Gagare, ya shigar da su duniyar aljanu da ƙasashe masu nisa, inda babu bindiga mai ruwa, inda takobi da ƙarfin zuciya ke da daraja kamar da. A can ya ci gaba da cin nasara. Da ya komo gida, sai ya tarar zamani ya riga ya sauya, babu sauran yaƙin da za a ce ya gudar wa.

Ana iya kallon wannan a matsayin aibi. Tun zamanin Girkawa, Aristotal ya soki marubutan da kan jawo wani ƙarfi daga waje don ya kwance musu ƙulli, yana ganin warwara ta kamata ta fito daga cikin labarin kansa. A bisa wannan ma'auni, kashi na biyu na Ganɗoki gudu ne. Kuma gaskiya ne an yi asara: mai karatu bai samu ganin yadda mayaƙi irin wannan zai rayu a shekarun farko na mulkin mallaka ba, alhali nan ne ciwon yake. Amma ma'aunin bai yi wa littafin adalci duka ba. Bahaushen 1934 bai ɗauki aljani a matsayin baƙo daga waje ba. Ya san shi a addini, ya san shi a gatana da Dare Dubu da Ɗaya. Bugu da ƙari, Ganɗoki ne ke ba da labarin da bakinsa, kuma kowa ya san mayaƙi da cika baki. Don haka ƙofa biyu aka bar wa mai karatu: ko ya yarda aljanu sun yi aikinsu, ko ya ɗauka tsoho ne ke kambama kansa.

Ƙanensa Abubakar Imam bai shiga wannan tsaka mai wuya ba a Ruwan Bagaja. Yadda Alhaji Imam ke cin karo da Malam Zurƙe gari bayan gari ya wuce abin da hankali zai ɗauka, amma tun da babu Burmi a cikin labarin, dariya kawai ta isa ta rufe bakin mai tambaya.